Layin da Na Goge

Gawayin shayi na fita saye, gab da magariba, sai na haɗu da Mariyama, matar abokina Aghali, a bakin kasuwar Akokan. Ko gaishe ni ba ta yi ba.

"Malam Fatahu, abokinka bai tashi ba. Tun jiya da azahar yake kwance. Yana numfashi, amma bai tashi ba."

Na tsaya da ledar gawayi a hannu. Wallahi ban ji komai ba. Tun da aka rufe ramin ma'adinai zuciyata ta daina motsi da wuri.

Shekara ashirin da biyu na yi ina awon hanyoyin ƙarƙashin ƙasa ina zana su. Aghali kuwa direban injin kwasar dutse ne. Bayan an sallame mu, mu tsofaffin ma'aikata muka lura mafarki ɗaya muke yi. Da mun kwanta sai mu gan mu a ƙarƙashin ƙasa, cikin hanyoyin da ba mu muka haƙa ba. Wani ya ga rijiya, wani ya ga kasuwa ba kowa a cikinta. Kullum da hantsi mukan haɗu a gindin bango, kowa ya faɗi inda ya bi, ni kuma in zana a babbar takarda. Zaman banza ya samu aiki.

Ina da doka irin ta masu awo: hanyar da mutum biyu ba su gani ba, ba ta zama a taswira. Aghali ya ce akwai wata siririyar hanya bayan rijiya ta uku, ta nan yake fitowa kullum. Na zana ta, na jira wata guda, ba wanda ya ƙara ganin ta. Kwana biyu kafin haɗuwata da Mariyama na sa magogi na share ta. Har na zolaye shi, na ce direba ko a barci sai ya yanke hanya.

Na bi Mariyama gida. Yana kwance a tabarma, rawaninsa a gefe, leɓɓansa sun bushe. Ƙarƙashin farcensa akwai farar ƙasa, irin ta ƙasan rami.

Kowa ya san ba a barci da almuru. Duk da haka na kwanta kusa da shi, na rufe ido, don in neme shi a mafarkin.

Sanyi na fara ji, sai warin jiƙaƙƙen dutse da tsohon gazuwal, man inji. Fitilar hular kwano tana goshina. Ruwa na ɗiga, ɗis, ɗis. Na wuce rijiya ta ɗaya, na wuce ta biyu. Takuna kawai nake ji.

Bayan ta uku, bango. Sumul, kamar an shafe shi da hannu. A ƙasa ga ɓurɓushi baƙi-baƙi, irin wanda magogi ke bari a takarda, kowanne ya kai damtsena.

Na ɗauki dutse na buga sau uku, yadda muke yi in ƙasa ta rufta wa mutum.

Aka amsa daga dama. Sau uku, a raunane.

Aka amsa daga hagu. Sau uku, da ƙarfi.

"Fatahu," in ji dama, can ƙasa-ƙasa. "Ƙishirwa."

"Fatahu," in ji hagu. Murya ɗaya ce, ta Aghali. "Ƙishirwa."

Fitilata ta fara dusashewa. Wani abu ya ja numfashi a cikin bangon, dogo, har rigata ta manne da dutsen.

Na juya. Na kama hanyar komawa. A bayana takun mutum, ba ya sauri.

Rijiya ta biyu. Fitila ta mutu.

Hannu ya taɓa ƙeyata, busasshe.

Ruwan da Mariyama ta watsa mini ne ya dawo da ni. Ta ce na daina numfashi. Na tafi gida na ɗauko taswirar, na shimfiɗa ta a gaban fitila. Ashe na goge layin sosai, ko alamarsa babu. Ta dama ce, ko ta hagu? Ni da na yi shekara ashirin da biyu ban ɓatar da taku ɗaya ba, na kasa tunawa. Na ce a raina wanda ya buga da ƙarfi shi ne ya fi kusa. Na ja layi ta hagu.

Kafin isha'i Aghali ya buɗe ido. Ya sha ruwa kwano huɗu. Maƙwabta suka cika gidan ana hamdala. Ni dai na naɗe takardata, daga ranar ban ƙara zana komai ba, taron gindin bango ma ya watse.

Yana cin abinci, yana fita, yana amsa gaisuwa. In mun haɗu yakan daɗe yana kallona.

Bayan sati uku Mariyama ta zo ƙofar gidana da hantsi. Ta rame. Ta ƙi shiga, ta ƙi zama, muryarta ba hawa ba sauka.

"Malam Fatahu, tun ranar bai rufe ido ba, ko sau ɗaya. Yaran sun daina shiga ɗakin." Ta gyara mayafinta. "Wanda ka fito da shi ba mijina ba ne. Nawa yana can, ba ruwa. Yaushe za ka koma?"