Ranar Gayyar Baba

"Wale, ka kashe ni."

Haka na faɗa masa a zauren gidan yayata a Funtuwa, ko gaisuwarsa ban amsa ba.

"Me na yi, Sakinata?"

"Au, tambaya ma kake yi?"

Olawale haifaffen Funtuwa ne, mahaifinsa na da shagon kayan gini a kasuwa. Hausa a bakinsa kamar jakin Kano, amma sanin harshe daban, sanin mutane daban. Sana'arsa yawo da kyamara gari gari, yana ɗaukar rayuwar mutane yadda take. Ƙa'idarsa ɗaya ce: ba ya magana, ba ya sa hannu a komai, yana tsayawa ne har a manta da shi.

Da wannan ƙa'idar ya je gayyar girbin dawar Baba a Tsiga. Ni na gayyace shi, don a garinmu mai neman aure shi ke fara shiga gonar suruki, shi ke fita a ƙarshe. Gogan naka kuwa ya kafa kyamara a gindin kuka tun safe har la'asar, ko kara ɗaya bai taɓa ba.

"Wannan ma da sauƙi," na ce. "Baba na shan fura ka saita masa ƙarfen nan a fuska. Surukinka, Wale... Mutumin da ko ido bai kamata ku haɗa ba."

A hankali ya ce, "Fuskarsa ce ta yi min kyau. Ban taɓa ɗaukar gajiya mai daraja irin wannan ba."

"To ka aure ta. Baba ya ce ba zai ba da 'yarsa ga ɗan kallo ba."

Kuka ya ƙwace min. Ina son bawan Allahn nan har cikin raina, amma ba zan tsallake maganar mahaifina ba, shi ma ya sani.

"Masoyiyata, ki daina kuka. Gobe zan je Tsiga."

Washegari na riga shi isa gidanmu a Tsiga, ina leƙe ta bayan zana ya yi sallama. Baba na kan tabarma yana gyaran igiya. Wale ya cire takalmi, kawai sai ya zube ya kwanta da ƙirji a ƙasa, irin gaisuwar mutanensu.

"Subhanallahi, tashi yaro," in ji Baba.

Ya durƙusa, kansa a ƙasa, ya ajiye ɗan memorin kyamara a gefen tabarma.

"Baba, duk abin da na ɗauka a gonarka ga shi, ban ajiye wani a ko'ina ba. Na yi kuskure, a yafe min."

Shekara guda yana haɗa fim kan noman yankin nan, gayyar kuwa ita ce zuciyar aikin, ba za a sake yin ta ba sai baɗi.

Baba bai ko dubi abin ba. "Dammunan dawa na can gona, ba a kwaso su ba."

Abin da ya ce ke nan.

Kwanaki Wale na jidar dawa a ka zuwa rumbu. Ƙaiƙayi ya kumbura masa wuya, matan unguwa na yi masa dariya, ni ma na dara a ɓoye, bayan na gama tausayinsa. Bai taɓa tambayar memorin ba.

Ranar da aka rufe rumbu Baba ya kira ni. Na durƙusa nesa kaɗan.

"Sakinatu."

"Na'am, Baba."

Ya miƙo min memorin, yana kallon wani gefe. "Ki mayar wa yaron nan kayan sana'arsa, ba a raba mutum da abincinsa. Wurin furar dai ya cire."

"To, Baba..."

"Kuma ya turo manyansa."

Na rufe fuska da mayafi, hawaye na zuba. Har na kai ƙofa ya ƙara da cewa, "Ranar ɗaurin aure ya bar ƙarfen nan a gida. Ya zo ya zauna a gaban jama'a, shi ma a kalle shi."