Akwatin Sambo Soja

Rana ta yi ja sa'ad da Rakiya ta fita neman akuyar innarta da ta tsinke igiya. Shekara biyu ke nan da gama yaƙin Faransa da Jamus. Daga ƙauyensu na kusa da Waca, Nasara ya ɗebi samari biyu, yayanta Laminu da abokinsa Sambo. Sambo kaɗai ya dawo, da ɗingishi da wani akwatin ƙarfe da ba ya rabuwa da kafaɗarsa. Talho ne na soja, wato wayar magana, in ji shi, ya lalace.

Tun lokacin kaka Inna ta sake hali. Takan kwanta da la'asar, ta farka bayan magariba tana murmushi.

"Laminu ya zo mini a mafarki," takan ce. "Ya ce garkar dabinon nan a ba Sambo."

Garkar nan, lambunsu, ita ke ciyar da su. Jibi Inna za ta je gaban maigari ta miƙa ta.

Sawun akuyar ya bi ta bayan dangarsu, wajen wani tsohon rumbu. Nan wari ya tare Rakiya, irin na fatar da aka jiƙa aka manta. Sai wani sauti, cak, cak, kamar jariri na shan nono.

Ta leƙa.

Ga Sambo jingine da rumbu, idanu a juye, yawu na bin gemunsa. Akwatin a buɗe a cinyarsa, hannunsa na juya wani mariƙi a hankali. Igiyoyin roba biyu sun fito daga ciki. Ɗaya ta shige kunnensa, ɗaya tana yashe a ƙasa.

Babu waya a akwatin. Furfurar Inna ce, wadda ake zubarwa bayan tsifa, an cusa ta dam. A tsakiyarta wani abu ja mai yauƙi, kamar mabiyiyar akuya, yana kumbura yana lotsawa. Shi ke tsotsar gashin.

Rakiya ta sunkuya. Ta kama igiyar da ke ƙasa don ta fizge akwatin. Igiyar ta motsa. Ta nannaɗe hannunta, ta hau wuyanta da sanyi kamar matsattsaku, ta kutsa kunnenta na hagu.

Sai ga ta a tsakar gidansu. Haske ko'ina, amma babu rana. Inna na zaune a tabarma da ƙwaryar tuwo, Laminu durƙushe gabanta tana ba shi a baki.

Rakiya ta matsa kusa. Fuskar ta Laminu ce, amma ɗora ta aka yi. Jiƙaƙƙiya ce, ta saki ta wajen kunne, ƙudaje na shiga ƙarƙashinta. Haƙoran da ke taunawa jajaye ne da goro da taba. Na Sambo.

Ya haɗiye lomar, ya bi yatsun Inna yana lasa ɗaya bayan ɗaya.

"Inna, garkar nan fa," ya ce da muryar Laminu.

"Inna," Rakiya ta raɗa, "ba shi ba ne."

Ya juyo. Fuskar ta zame har haɓa.

"Ke ma kin zo? Zauna, ƙanwata. Har babanki marigayi ina da shi."

Ya sa hannu a aljihu, ya zaro wata fuska a ninke kamar hankici. Tana ɗiga.

Ya fara warware ta.

Rakiya ta yi a'uziyya. Ta kai hannu kunnenta. Ba ta ga komai ba, amma ta ji santsi. Ta damƙe, ta ja.

Wani abu ya yage a cikin kanta.

Ta faɗi a gindin rumbu, jini na bin wuyanta. Ta yi amai har sai da ɗaci ya fito. Hannun Sambo bai daina juya mariƙin ba.

Ta rarumi dutse ta maka wa abin da ke akwatin.

"Rakiya!" abin ya yi kuka da muryar yayanta.

Ta rufe ido ta ƙara masa, ta ƙara.

Sambo bai farka ba. Kwana uku ya yi yana tauna iska, sannan ya cika. Liman ya sa aka binne akwatin can cikin daji, mutum biyun da suka ɗauka suka yi mako ba su iya cin nama ba. Garka ta zauna hannun su Inna. Kunnen Rakiya na hagu bai sake ji ba.

Da ta sami ƙarfi ta zayyana wa Inna duk abin da ta gani. 

"Tun ranar farko na gane," tsohuwar ta ce. "Warinsa ba na ɗana ba ne. Amma a ina kuma zan ƙara ganin fuskar nan?"

Ta juya ta fuskanci bango. Daga ranar ba ta sake karɓar abinci daga hannun Rakiya ba, sai dai maƙwabciya ta kawo mata.