Yarinyar da Ta Warke

Da safe aka kawo wa Sufeto rahoton satar kwamfuta a ofishin wani kamfanin shirya fim ɗin yara.

Ya iske marubuciyar fim ɗin tsaye gaban teburinta. Sana'arta ke nan tun tana budurwa, mayar da littattafan yara zuwa fim.

"Yallaɓai, duk rubutuna yana cikin kwamfutar, ba ni da kwafi. Gobe za a fara ɗauka. In babu shi, gidan talabijin zai ba wani aikin, ni kuma tawa ta ƙare."

Sufeto ya duba ƙofa, ba a ɓalle ta ba. Ga kyamarori masu tsada a ajiye, ba wanda ya taɓa su.

"Wa ke da makulli?" ya tambayi daraktan fim ɗin.

"Ni da ita kawai."

"Ina naka?"

Darakta ya lalube aljihu, ya fara zufa. Daga bisani ya amsa cewa jiya ya ara wa mai littafin da ake mayarwa fim, wani tsohon malami, don ya ɗauko tabaraunsa da ya manta.

Sufeto da marubuciyar sun tarar da tsohon a falon gidansa.

"Baba, ka karanta rubutun fim ɗin?" in ji Sufeto.

"Ko layi ɗaya ban gani ba. Me zan yi da labarin da yarinya ke tashi ta warke?"

Sufeto ya dubi marubuciyar.

"A littafin mutuwa ta yi," ta ce a hankali. "Ko darakta bai san na canza ƙarshen ba."

Tsohon ya sunkuyar da kai.

"Na ga kwamfutar a buɗe, na karanta. 'Yata ce wannan yarinyar. A hannuna ta cika, ba ta warke ba."

"Yara ne za su kalla, Baba. Na kasa kashe ta a gabansu."

"Ina kwamfutar?" in ji Sufeto.

"Tana cikin tankin ruwa, a bayan gida."

Marubuciyar ta sulale ƙasa, ta dafe kai.

Sufeto bai sa masa ankwa ba. A bakin mota tsohon ya tsaya, ya waiwayo.

"'Yar nan, a naki labarin, ta girma?"

"Har makaranta ta koma, Baba."

Ya jinjina kai, ya shiga motar.