Man Gida Cokali Biyu

"Ki ajiye wuƙar nan ki dube ni, Kausar!"

Ba ta ajiye ba. Ta ci gaba da yanke gindin 'yan albasan nan farare masu girman ƙwan tattabara, tana matsa kowacce har ta sulluɓe daga ɓawonta ta faɗa kwano. Haka Ummanta ta koya mata: a tsoma su a tafasasshen ruwa na ɗan lokaci, a juye a ruwan ƙanƙara, sannan ɓawon ya fita ba gardama.

Misbahu na tsaye a ƙofar kicin, bai ko cire rigar sanyinsa ba. Injiniya ne, haifaffen Kano, karatu ya kawo shi Amurka aiki ya riƙe shi a garin Silver Spring. Shekara uku ke nan yana sintiri a kan babban titin Beltway saboda yarinyar nan, har motarsa ta haddace hanyar Greenbelt, garin su Kausar.

"Hajiyarmu ta kira jiya," ya ce yana rage murya. "Ta ce in shekarar nan ta ƙare ba a sa rana ba, in cire rai. Kuma kin san Hajiya ba ta maimaita magana."

"To ka cire mana..."

"Ki faɗa kina kallona!"

Ta ɗago. Idanunta sun yi jawur, kuma ba za ta iya ɗora wa albasa laifi ba, don wadda aka tafasa ba ta sa kuka.

"Misbahu, ya kake so in yi? Baba ba zai zauna gidan suruki ba, ka san wannan. Kai ma ba za ka tare a gidansa ba. Umma kuma ta bar min wasiyya."

"Masoyiyata, wasiyyar nan ba ta ce kada ki yi aure ba."

"Ba ka wurin!"

Gaskiya ne, ba ya wurin. Babu kowa sai ita, ranar da mahaifiyarta, Hajiya Rahmatu, ta kamo hannunta a gadon asibiti, shekara biyu da suka wuce. Mahaifinta, Malam Dabo, ya fita salla. Kwana arba'in ya yi yana kwana a kan kujerar ɗakin, duk ya rame ya lalace. Umma ta bi kujerar da kallo ta ce, "Kausar, ki kai babanki gida. Kada ki bari ya zauna nan saboda ni."

Washegari ta rasu. Aka binne ta a maƙabartar Musulmi a nan jihar Maryland, Kausar ta riƙo hannun mahaifinta ta kai shi gida, hawa na biyu a rukunin gidajensu na Greenbelt. Tun ranar take gadinsa. Daga wurin aiki sai gida, daga gida sai wurin aiki.

Gidan kuwa har yau na Umma ne. Silifas ɗinta na bakin banɗaki. Gyalenta ruwan toka na rataye a bayan ƙofa, in iskar na'urar ɗumama ɗaki ta taso sai ya motsa, Kausar ta waiga. Kowace Juma'a Malam Dabo yakan je kabari ya daɗe, ya dawo ya zauna a falo ya zuba wa talabijin ido ba tare da ya kunna ba.

Yau ranar Godiya ce ta Amurkawa, wadda Baba ke kira sallar talotalo. Umma ba ta taɓa yarda da talotalo ba, ta ce nama ne marar kunya, kome ka sa masa ba ya ji. Shinkafa da kaza take yi. Abu ɗaya tak ta ɗauka daga bikin: koren wake da 'yan albasa, da ake ajiyewa a gefen faranti. Wata tsohuwar maƙwabciyarsu, Edna, ta koya mata a shekararsu ta farko a Amurka. Baba ya so abin har yakan ture kazar ya ce a ƙaro masa ganye.

Tun rasuwar, Kausar ta dafa shi ya fi sau ashirin. Kullum Baba zai kai cokali ɗaya baki, ya tauna a hankali, ya ce, "Allah ya yi albarka," ya ture farantin. Wannan ture farantin ya fi zagi yi mata ciwo.

"Ba na iyawa," ta ce. "Koren wake ma ya gagare ni, Misbahu! Ta rubuta min komai, ina bi ɗaya bayan ɗaya, amma ba ya zama nata. In na kasa wannan, ta yaya zan fita in bar shi?"

"Ta rubuta? Ina?"

Ta nuna jikin firij da haɓa. Wani ɗan kati ne da maiƙo ya ɓata, an maƙala shi da maganaɗisu. Sau nawa Misbahu ya wuce ta gabansa bai kula ba. Ya matso ya karanta a bayyane, a hankali, don rubutun Umma a kwance yake.

"Koren wake, a cire baki da gindi. 'Yan albasa. Gishiri. Masoro kaɗan. Man gida cokali biyu..."

Ya tsaya.

"Wane mai kike sawa?"

"Wanda ke gidan mana. Na sa bota, na sa man zaitun, na sa na masara. Har na gyaɗa na sayo a shagon Awawu a Hyattsville na kawo gidan, don dai ya zama na gida."

Dariya ta taso masa, ya danne ta da ƙyar. Kausar 'yar Kano ce a baki, Hausarta tsaf, don Umma ba ta amsa wa yaro in ya yi mata Turanci. Amma a asibitin Maryland aka haife ta, kuma sau biyu kacal ta taɓa taka Najeriya.

"Kausar... in Baba ya ce an yi rasuwa a gida, ina yake nufi?"

"Kano mana."

"In ya ce bana ruwa ya yi yawa a gida fa?"

"Kano... amma ai wannan daban ne. Wannan girki ne, a kicin ɗin nan ta rubuta shi."

"Umma ta taɓa kiran wurin nan gida?"

Ta laluba shekara ashirin da bakwai na rayuwarta tana neman rana ɗaya. Umma takan ce "mu koma ɗaki", takan ce "can Greenbelt". Kausar ce kaɗai take cewa gida.

"Man shanu take nufi," Misbahu ya ce a hankali. "Soyayyen man shanu daga Kano. Babu wanda aka taɓa aiko mata?"

Ta juya ta buɗe firiza, ta ture ledojin nama, ta miƙa hannu can ƙurya. Akwai wata kwalba da ta yi shekara biyu tana kaucewa, don da rubutun Umma a murfin: Daga Hannatu. Gwaggo Hannatu ƙanwar Baba ce da ke unguwar Gwale a Kano. Kausar ta ɗauka wani maganin gargajiya ne na ciwon Umma, shi ya sa ba ta iya buɗewa ba, ba ta kuma iya zubarwa ba.

Ta buɗe. Man ya daskare, ruwan ɗorawa, saura kusan rabi. A samansa akwai sawun cokali, rami biyu a jere, yadda hannun Umma ya bar su.

"Wayyo Umma..."

Misbahu ya cire rigar sanyinsa, ya ɗora kasko a wuta.

Kausar ta ɗebi cokali biyu daga gefe, ba ta taɓa sawun ba. Man ya narke ya fara 'yar ƙara. Ta zuba 'yan albasan tana jujjuya su har suka yi ja-ja, ta kawo koren waken da ta riga ta tafasa da gishiri ta juye, ta barbaɗa masoro.

Sai ƙamshin ya tashi.

Kausar ta dafe bango. Ba ta ga kowa ba, amma wallahi ta ji kamar in ta waiga za ta tarar da mace tsaye a bayanta tana cewa ta rage wuta. Tsigar jikinta ta tashi.

Daga falo wata murya ta taso, da ƙarfin da aka yi shekara biyu ba a ji ba.

"Rahmatu!"

Cokalin ya suɓuce daga hannunta.

"Rahmatu, kada ki bari ya yi laushi da yawa fa!"

Suka ji takunsa, da sauri, kamar na saurayi. Malam Dabo ya bayyana a ƙofar kicin, fuskarsa a washe. Ya dubi murhu, ya dubi 'yarsa, ya dubi bayan ƙofa. A gabansu murmushin ya gushe, tsufan ya dawo masa gaba ɗaya.

"Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un," ya ce can ƙasa. "Ku yi haƙuri, 'ya'yana."

Misbahu ya durƙusa ya gaishe shi, ya jawo masa kujera. Kausar ta zuba waken a faranti ta ajiye masa, ba shinkafa ba kaza. Ya kai cokali ɗaya. Ya kai na biyu. Bai ɗago ba sai da farantin ya koma fari, hawaye na bin gemunsa.

Kausar ta zube a gabansa. Tun da ta buɗe kwalbar wata magana ke bugun ƙirjinta, kuma tana tsoron amsarta.

"Baba... ranar da ka fita salla a asibiti, Umma ta ce min wani abu. Ta ce, ki kai babanki gida, kada ki bari ya zauna nan saboda ni."

Ya ƙura mata ido.

"Haka ta ce?"

"Haka ta ce. Ni na ɗauka asibitin take nufi. Na ɗauka nan zan kawo ka... na kawo ka, na zauna da kai..."

Malam Dabo ya rufe fuska da tafukansa. Kafaɗunsa suka yi ta girgiza, aka rasa gane kuka ne ko dariya.

"Rahmatu ke nan! Tana kan gadon mutuwa tana tsara ni." Ya share ido da hannun riga. "Mun yi alkawari in na ajiye aiki za mu koma tare. Ɗakinmu na nan a Gwale, Hannatu na share shi duk mako. Ta san ba zan iya tafiya in bar kabarinta da kaina ba, sai an kore ni. Shi ne ta ba ki aikin."

"Me ya sa ba ka taɓa faɗa min kana son komawa ba?"

"In tafi in bar 'ya mace ita kaɗai a ƙasar mutane? Jira nake ki yi aure. Na ga yaron nan yana ta zarya kina ta ja masa rai, na ce ƙila ba ya kwanta miki ba, ni kuma ba zan matsa miki ba."

"Baba! Ni saboda kai nake..."

"Ni ma saboda ke nake."

Suka dubi juna, uba da 'ya, kowa ya yi shekara biyu yana gadin ɗan'uwansa. Misbahu ya sunkuyar da kai yana nazarin tayil ɗin kicin kamar an ba shi kwangilarsa.

"Kai, Misbahu."

"Na'am, Baba."

"Ka ce wa magabatanka su zo. Kuma ka daina tsayuwa a ƙofar kicin ɗin mutane, ba kyau."

An ɗaura aure a watan Disamba, a masallaci, bayan sallar Juma'a. Daga can Malam Dabo ya ce a kai shi maƙabarta. Ya daɗe a tsugune, dusar ƙanƙara na sauka a kan hularsa, bakinsa na motsi. Da ya miƙe sai ya kamo hannun Kausar ya ɗora a kan na mijinta.

"Ga Rahmatu nan na bar muku. Ku riƙa zuwa, ba ta son shiru."

Ranar tafiyarsa Kano, a filin jirgi, ya ƙi yarda a riƙe masa jaka. Gyalen nan ruwan toka na ciki, Kausar ta ga lokacin da ya ninke shi ya sa a ƙasan kayansa. Kwalbar kuwa ya ce tata ce, in ta ƙare Hannatu za ta aiko wata.

"Amma cokali biyu ta ce," ya ɗaga mata yatsa. "Kada ki yi mata ƙari."

Ta yi dariya, dariyar ta rikiɗe ta zama kuka. Ta rungume shi a gaban jama'a, abin da ba ta yi ba tun tana 'yar firamare. Tana so ta ce ya fasa, tana so ta ce ya dawo da bazara, ta san duk ba abin da Umma ta aike ta ba ke nan.

Ya kama hanyar layin masu tafiya, bayansa ya ɗan ranƙwafa. Har ya yi nisa ta ɗaga murya.

"Baba!"

Ya waigo.

"Ka gaida gida..."

Ya tsaya cak. Ya daɗe yana kallonta, sannan ya gyaɗa kai a hankali.

"Gida zai ji, Kausar. Ke ma kama hannun mijinki ki tafi naki."