Magudanar Ruwan Nazifa

Ranar da sammaci ya iso gidanmu, Tijjani ya zo zance da yamma har da tsarabar rake, sai ka ce ba shi ya kai mu kotu ba. Ko tabarma ban shimfiɗa masa ba.

"Saura wata guda a kawo sadakina, ka kai yayana gaban alƙali?"

"Nazifa, hasken idona, ki saurare ni..."

Na saurare shi, amma fa fuskata a ɗaure. Wai yayyensa ne suka matsa a raba gonar gado, kuma gara alƙali ya auna da a bar baki ya auna. Na san gaskiya ya faɗa, shi ya ƙara ba ni haushi.

Gonar shinkafa ce a bakin kanal, babbar hanyar ruwan da ta taso daga madatsar Bakolori. Babana da mahaifin Tijjani, Malam Sambo, tare suka saye ta tun suna samari, kuma har Allah ya karɓi ransu ba su taɓa ja mata iyaka ba. Su dai a yi girbi a raba buhuna, a zauna a ci tuwo. Da muka zama magada sai gonar ta yi mana kaɗan.

Yaya Lauwali kuwa, wanda aurena ke hannunsa, da ya ga takardar sai da ya kifar da kofin kunu. Ya rantse in aka raba zai toshe magudanar da ke kai ruwa can ƙarshen gonar, kuma wanda ya kai shi ƙara ba zai zama surukinsa ba. Ranar na yi kuka sosai, don ina son Tijjani, ina kuma son yayana duk da zafin kansa.

Alƙalin kotun Mafara dattijo ne mai sanyin magana. Da kansa ya zo gonar tare da masu awo, aka ja igiya aka raba biyu, aka jefa ƙuri'a. Ɓangaren bakin kanal ya faɗo mana, su Tijjani suka samu na ciki, wanda ruwa ba ya isa sai ya bi ta gefen namu. Na ga Yaya ya yi wani murmushi da ban so ba.

Aka fitar wa Inna tumuninta na gado, sannan alƙali ya tambaye ni ko akwai inda nake so a yanka mini rabona.

"Allah shi gafarta Malam, gefen magudana nika so."

Ya ce in duba da kyau, ramin ya cinye wurin, ga ciyawa, ga sawun mutane, shinkafar da zan samu ba za ta kai ta saura ba. Yaya ya harare ni.

"Na sani," na ce. "Baba da Malam Sambo suka haƙa ta da hannunsu. Ba ni son ta bushe ina raye."

Inna ta ja mayafi ta rufe fuska. Alƙali ya tambaya ko akwai mai ja, Yaya ya daɗe yana kallon ramin nan, sannan ya kau da kai, aka yanka mini wurin. Ashe, in ji Inna daga baya, Yaya ne ke kai wa su Baba fura lokacin da ake haƙar.

A hanyar gida Yaya ya goya ni a babur. Sai da muka kusa shiga gari ya ce, ba tare da ya waiwayo ba:

"Ke, ki gaya ma mai ƙarar nan naki shi turo manyansa da sadaki. Tunda ruwanmu zai sha ko na so ko na ƙi, gara shi sha a gida."

Na ƙanƙame rigarsa ina dariya ina hawaye, har ya ce in sake shi kar mu faɗi.

Yanzu ga ni a ɗakin Tijjani. Shinkafata kuwa, kamar yadda alƙali ya faɗa, ba ta taka kara ta karya ba, kuma ko a jikina. Duk ranar ban ruwa sai maigidan nan ya tsaya bakin ƙofa ya gyara murya ya ce, "Ranki shi daɗe, a ba mu izini mu buɗe?" Wani lokaci in ja masa rai, in ce sai ya sayo mini rake.

Jiya ya dawo da taɓo har gwiwa, yana ta murmushi. Ya ce ya je share magudana da sassafe, ya tarar wani ya riga shi, ya yi nisa da fartanya.

Yaya Lauwali ne.