Zarzare a Kan Mai Ɗinki

Kwana da kwanaki Mai Ɗinki ba ta samu sukuni ba, tun ranar da ta tarar da Autarta a durƙushe tana gaida bango. A ɗakin ɗinki ne, bayan keke, inda wasu ƙwari masu launin toka suka yi gida. Ba sa cizo, ba sa kuka, sai dai su zare zaren yadin mutane su shige tsagar bango da shi. Da suka lalata mata leshin wata mafaɗaciya, ta sayo maganin feshi ta yi musu wanka, ta share gawarwakin ta zubar.

Daga nan gidan ya canja. Da rana ta faɗi, unguwa ta yi tsit, sai tsakuwa ta sauka a kan kwano. Sai shiru mai tsawo. Sai wata. Maigidan ya fita da tocila ya zagi 'ya'yan maƙwabta har kakanninsu, bai ga kowa ba. Auta ta daina cin abinci, ta hana a taɓa kanta. In uwar ta matso da mataji, sai ta kalle ta da idon da ba nata ba.

Da magariba maigidan ya kawo wani malami, dattijo mai sanyin murya. Ya yi ta karatu a kan Auta har yarinyar ta tashi zaune, ta tanƙwashe ƙafa irin zaman tsofaffi.

"Ya isa, Malam, kana ƙona ni." Muryar tsohuwa ce, a shaƙe. "Ba ni na fara ba."

"Wace ce ke?"

"Makiyayiya. Garkena matar nan ta kashe."

"Ƙwarin?"

"Zarzare sunansu. Su ke saƙa labulen da ke tsakaninmu da ku, shi ya sa ba kwa ganinmu. Yanzu na gidan nan ya yage. Yarinyar nan tana kallonmu muna ci, muna wanka. Kun tsiraita mu."

"To, me ya kai ki jikinta?"

"Ƙwai kaɗai suka rage, kuma ba sa ƙyanƙyashewa sai a ɗumin gashin ɗan Adam. Na zuba su a nata. Zan tafi da ita wajenmu, in sun fashe in dawo da ita."

"Yaushe?"

"Mu ba ma lissafin lokaci irin naku."

Mai Ɗinki ta miƙe ta fizge ɗankwalinta.

"Ke tsohuwa, ni za ki kalla. Ni na yi feshin, kuma haƙuri ba zan ba ki ba. Da dabbobinki suka ci kayan mutane, kin zo kin ba ni? Ga kai nan, zuba a nan. Amma ba inda za ni, ina da ɗinki."

"Ke, rufa mana asiri ki zauna," in ji maigidan.

"Da kai ka yi naƙudarta, da ba ka ce haka ba."

Tsohuwar ta yi dariya ta bakin yarinyar. "Wannan kan duk furfura?"

"Ɗumi kike nema ko kwalliya?"

Malam bai bari tsohuwar ta ƙara magana ba, ya tsare ta da karatu sai da ta rantse: muddin garkenta yana kan uwar, ba za ta taɓa 'yar ba. Auta ta yi atishawa ta zube, ta farka tana neman ruwa. Uwar kuwa ta ji kamar an watsa mata yashi mai sanyi a tsakiyar kai.

Jifa ya tsaya. Ƙwai suka fashe. Abin da tsohuwar ta ɓoye shi ne, wanda ke ɗauke da zarzare shi suke fara lulluɓewa da labulen. Jiya maigidan ya shigo yana ƙwala wa Mai Ɗinki kira, alhali tana tsaye a gabansa. Auta sai ta laluba da hannu take samun kafaɗarta. Ita kuma uwar yanzu tana ganin tsohuwar sarai, kowace magariba a bakin tsagar bango, da ƙwaryarta a hannu.

"Sun yi ƙwari. Kawo min garkena."

"Rantse ba za ki ƙara kusantar 'yata ba har abada."

"Ta ga fuskokinmu. Wannan ba a hannuna yake ba."

"To su ma ba a hannunki suke ba."

Malam ya ce rantsuwar tana ƙarewa ne ranar da ƙwaro na ƙarshe ya bar kan Mai Ɗinki. In ta miƙa su, ba abin da zai tsare Auta. In ta riƙe su, wata rana yarinyar za ta laluba ba ta sami komai ba.

Ta dai ƙara ɗaure ɗankwalinta tamau, ta hau keke. Ku iyaye mata da kuke karanta wannan, don Allah ku faɗa mata gaskiya: ta kwance ɗankwalin, ko ta bar shi a ɗaure?