Kunnuwan Raufa

Rana ta faɗa bayan itatuwan kwakwa, iska ta ɗauke, lokacin da Nasreena ta sauke romon kifi daga wuta ta hau murza roshi, gurasar da ake ci da shi. Mijinta Nizar ya dawo daga teku da baƙinsa, ya raka su masauki, ya zo ya shanya kayan iyo a igiyar tsakar gida kamar kullum: gilasan fuska, faffaɗan takalman roba, da bututan da baƙi ke shaƙar iska da su in sun kifa fuska a ruwa. 'Yarsu Raufa tana zaune a kujerar igiya, gashinta a jiƙe, ta dafe kunnen hagu da tafin hannu.

Ladan na cikin kiran magariba dutsen farko ya faɗo a kan kwanon rufi. Nasreena ta zaci ɗanyar kwakwa ce. Na biyu ya gangaro ya tsaya daf da murhu, sai ta ɗauka ta duba. Guntun murjani ne, amma ba irin farin da ke zube a bakin gaɓa ba. Baƙi ne wuluk, a jiƙe, da wani sanyi da ya ratsa mata yatsu. Nizar ya fita da sanda ya zagaya gidan yana zagin 'ya'yan maƙwabta, bai ga ko kyanwa ba. Kafin ya dawo bututan da ke rataye a igiya sun fara numfashi. Nasreena ta ji su da kunnenta, suna ja suna saki a hankali, kamar akwai bakuna a maƙale da su.

Ta san inda irin wannan dutsen yake. A tsakiyar koren ruwan da ya kewaye tsibirinsu, inda ko'ina bai wuce ƙirjin mutum ba, akwai wani rami mai faɗin tsakar gida da ƙasa ta rufta tun zamanin kakanni. Baƙar Rijiya ake ce masa. Masunta na kauce masa, tsofaffi ba sa nuna shi da yatsa. Nizar ne ya gane cewa baƙi 'yan yawon buɗe ido sun fi son wannan ramin a kan duk kifaye masu launi da kunkurayen da yake nuna musu. Sai su yi ta shawagi a bakinsa, fuska a ruwa, suna leƙen duhun da ke ƙasa. Da ya ga Raufa ta fi kowa iya riƙe numfashi, sai ya mai da ita abin kallo. Ita ce ke nutsewa har ta ɓace a duhun, ta daɗe, sannan ta taso da baƙin yashi a dunƙule a hannu, baƙi na tafi suna ɗaukar hoto.

Tun watannin baya kunnuwan yarinyar suka fara zubar da jini. Nasreena ta yi magana ta gaji. Nizar kan ce mata wadda ba ta taɓa shiga ruwan da ya wuce gwiwarta ba ba ita za ta koya masa teku ba, kuma shinkafar da take ci daga ramin nan take fitowa. Ranar da Raufa ta yi kuka ta ce wa ubanta, "Bappa, kaina kamar zai tsage," sai ya ce ta ɗiga man kwakwa, kunne ne ai, ba ido ba.

Daga wannan yammar gidan bai ƙara ganin magariba lafiya ba. Da zarar haske ya fara ja, duwatsun za su soma, jiƙaƙƙu, ɗaya bayan ɗaya, ba gaggawa. Ruwan sama da ke cikin tanki ya koma ruwan gishiri. Abinci in an buɗe sai a tarar da baƙin yashi a kai. Maƙwabta suka daina aiko yara, masu wucewa suka koma bin ɗaya layin. Nizar bai fasa kai baƙinsa ramin ba, bai kuma fasa tura Raufa ƙasa ba, sai dai ya gargaɗi matarsa cewa in maganar nan ta kai masaukin baƙi, ta tattara kayanta.

Wata yamma Nasreena ta shiga ɗaki ta tarar da Raufa tsaye a tsakiya, ruwa na ɗiga daga rigarta alhali tun azahar ta canza kaya. Idanunta a buɗe, ba ta ƙiftawa, ƙirjinta ba ya motsi. Nasreena ta kira sunanta, ta girgiza ta. Can yarinyar ta buɗe baki, ruwan teku ya zubo, wata murya ta tsohuwa ta fito daga cikinsa ta ce a kira mata mai gidan.

A ranar Nasreena ba ta nemi izinin kowa ba. Ta aika tsibirin da ke kusa aka ɗauko Adambe, tsohon malamin da ake kai wa irin wannan lalura. Ya iso washegari bayan la'asar, siriri, farin gemu, bakinsa ja da taunar ganye. Ya sa aka kwantar da Raufa a tabarma, ya kunna turare, ya ce Nasreena ta riƙe ƙafafunta. Kafin ya fara ya kalli Nizar ya ce duk abin da zai ji kada ya amsa, magana tsakaninsa ne da abin da ke jikin yarinyar.

Ya daɗe yana karatu. Haske ya yi ta janyewa daga taga, gidan ya yi tsit, ko duwatsun ba su faɗo ba. Sai ƙafafun suka yi sanyi a hannun Nasreena, sanyin wannan dutsen, muryar ta dawo. Adambe ya tambaye ta ko wace ce, ta ce ita ce mai rijiyar, tana cikinta tun kafin a dasa kwakwar farko a tsibirin. Ta ce ta haƙura da ƙafafun da ke watsal-watsal a kan rufinta, ta haƙura da yashin ɗakinta da ake kwasa kullum. Ya ce to me ya fito da ita ta shiga jikin baiwar Allah?

"Ita ta kira ni," in ji muryar. "Kullum in ta iso ƙasa, kanta na tsagewa, sai ta ce ko akwai mai jin ta. Uwarta ta ji ba ta iya komai ba. Ubanta ya ji ya ce kunne ne. Ni ce na amsa."

Nasreena ta sunkuyar da kai, hawayenta na zuba a kan ƙafafun 'yarta. Adambe ya ce wa muryar wannan ba taimako ba ne, zalunci ne, ta faɗi abin da zai fitar da ita. Ta ce abu ɗaya ne: a bar mata rijiyarta, kada jirgi ya ƙara tsayawa a kanta, ita kuma ta saki yarinyar lafiya lau.

Nizar ya matso. Adambe ya ɗaga masa hannu, amma Nizar bai ko kalle shi ba. Ya ce zai yanka akuya. Muryar ta ce ba ta cin akuya. Ya ce zai bar mata Juma'a, ya bar mata duk yammaci, ya rage baƙin. Ya yi ta tayi kamar mai cinikin kifi a bakin gaɓa, Nasreena na roƙonsa ya yi shiru don Allah, shi kuwa ya ce mata su mata ba su san yadda ake riƙe gida ba.

"To riƙe rijiyar," in ji muryar a hankali. "Ni in koma can ƙasa inda ƙafafunku ba sa kai wa. Amma zan tafi da abin da ka riga ka fara ba ni. Kunnuwanta."

Nasreena ta ɗago ta dubi mijinta, tana jiran ya tofa, ya yi salati, ya ce a'a. Ta ga yana tunani. Ta ga leɓensa na motsi kamar yadda yake yi in yana lissafin man jirgi.

"Duka biyun?" in ji shi.

Muryar ta yi dariya, ruwa na ɓulɓulowa daga bakin Raufa. Adambe ya miƙe ya ɗaga murya da karatu, ya yayyafa ruwan addu'a, ya matse babban yatsan ƙafar yarinyar yana umartar tsohuwar ta fita ba tare da ta taɓa komai ba. Jikin ya sandare, ya yi wata girgiza, sannan ya saki. Ɗumi ya dawo ƙafafun. Raufa ta buɗe ido ta ga bakin uwarta na motsi, ta kai hannu kunnuwanta, hannun ya dawo da jini.

Adambe bai karɓi ko shayi ba. A bakin ƙofa ya faɗa wa Nasreena cewa tsohuwar ta fita, amma wanda ya yi tayi ya buɗe ƙofar ciniki, kuma yarinyar tana farke a ciki, ta ji komai. Nasreena ta gane abin da yake nufi. Maganar ƙarshe da Raufa ta ji a duniya ita ce tambayar ubanta.

Aka kai ta asibiti a Male, babban birnin ƙasar, likitoci suka duba suka ce ba abin yi. Duwatsu suka daina faɗowa, ruwan tanki ya koma daɗi, maƙwabta suka dawo gaisuwa. Nizar ya riƙa faɗa wa mutane zazzaɓi ne ya taɓa ta. Wata bai cika ba ya shigo da safe ya ajiye gilashin fuska a cinyar Raufa, ya ce wa Nasreena, da ya ga ta taso masa, ai yanzu ma ya fi sauƙi, kunnen da ya mutu ba ya ciwo.

Nasreena ta fizge gilashin ta wurga shi bayan katanga. Ta ɗaure kayan yarinyar, ta nuna mata da hannu cewa jirgin fasinja zai kai su wurin ƙanwarta, innar yarinyar, ba za su dawo ba. Raufa ta girgiza kai. Ta kwance ƙullin, ta zagaya bayan katanga ta ɗauko gilashin, ta wuce bakin teku a gaban ubanta ba ta dube shi ba. Ba ta ƙara duban sa ba, ko kiran sa Bappa.

Ta koma nutso, kuma ta fi da. Baƙi suka ninka. Nizar ya sayi sabon jirgi, yana alfahari da cewa babu mai daɗewar 'yarsa a ƙasa a duk tsibiran nan. Nasreena ta koma wurin Adambe, ya zo ya yi karatu, ya ce babu kowa a jikin yarinyar, ba abin da zai fitar.

Wata yamma Nasreena tana taje wa Raufa gashi, ta juyo da fuskarta ta tambaye ta da ido da hannu me ya sa. Da Raufa ta yi magana, muryarta ta fito da ƙarfi, a karkace, irin ta wanda ba ya jin kansa.

"Mamma, a can ƙasa ina ji. Ina jin kifi na gurgurar dutse, ina jin injin jirgi, ina jin bugun zuciyata. Can kaɗai nake ji. In na ƙara sauka, sai in ƙara ji."

Nasreena ta rungume ta ta yi ta roƙo, ta haɗa ta da Allah, ta haɗa ta da nonon da ta sha. Raufa ta bar ta ta gama, tana shafa mata baya, ko kalma ɗaya ba ta shige ta ba.

Tun daga ranar Nasreena ta fara shiga jirgin. Ita da ke tsoron ruwa takan zauna a gefe cikin baƙin, ta riƙe katako da hannu biyu. In Raufa ta ɓace a duhun, sai ta sunkuya har leɓenta ya taɓa ruwan, ta yi ta kiran sunanta, tunda can ne kawai kiran zai same ta. Baƙi na murmushi, sun ɗauka al'adar garin ce. Nizar ya lura abin na burge su, sai ya ce ta riƙa sa rigarta mai kyau in za ta zo.